Neman kalma: yaya za mu ce da karayar ƙwauri da ta yi jinkirin haɗewa a takardar inshora?

Salam 'yan uwa, don Allah masu aikin asibiti da masana Hausa ku matso kusa, akwai kalmar da ta tsaya min a wuya tun satin da ya wuce.

Ina aikin tafinta a nan Amurka, yawanci dattawanmu na Nijar da 'yan zangon Ghana nake wa fassara in sun zo ganin likita. To wani Baba ne mota ta buge shi ya karye a ƙwauri, aka sa masa ƙarfe a cikin ƙashin, wata biyar kenan har yanzu in ya taka yana jin zafi. Sai kamfanin inshora suka aiko masa takarda da wannan lamba a jiki: S82.201G. Ya kawo min ya ce ɗana karanta min, me suka ce game da ƙafata? Na ce Baba cewa suka yi ƙashin bai warke ba. Wallahi nan take fuskarsa ta canza, ya ce shikenan zai koma gida a yi masa ɗori tunda nasu ya ƙi. Alhali ba abin da takardar ke nufi kenan ba, kalmar da na ɗauko ce ta yi wa abin faɗi.

Bari in warware lambar ku ga inda matsalar take. Tsarin sunansa ICD-10-CM, Amurka ta koma kansa ranar 1 ga Oktoba 2015, an gina shi ne kan kundin cututtuka na Hukumar Lafiya ta Duniya. S82 na nufin karaya tsakanin gwiwa da idon sawu. Lambar 2 da ke bayan ɗigo ita ce gangar babban ƙashin ƙwauri, da 4 ce to siririn ƙashin da ke gefensa kenan. 1 ta ƙarshe ƙafar dama, 2 hagu. Sai harafin ƙarshe wanda shi ne duk labarin: A zuwan farko, D an dawo kuma ƙashi na tafiya daidai, G an dawo amma yana tafiya a hankali fiye da yadda aka zata, K ya tsaya cak bai haɗe ba, P ya haɗe amma ba a saiti ba. Wannan in fata ba ta fashe ba kenan, in ƙashi ya huda fata haruffan daban ne, G ɗin sai ya koma H ko J. Likitoci na ce wa na G dileyid yuniyon, na K non-yuniyon, na P mal-yuniyon. Mu kuma duka ukun "bai warke ba" muke cewa.

Ni abin da na fara tunani shi ne "jinkirin warkewa". Me kuka gani?

Ƙari na farko, bayan na karanta kwament ɗinku.

Yayarmu nas da ta ce a cire warkewa gaba ɗaya, Yaya kin yi gaskiya na karɓa. Warkewa a kunnen Bahaushe ta haɗa da ciwon fata da kumburi da zafi, mutum zai ga ɗinki ya bushe ya ce ai na warke alhali hoton ƙashi na nuna layin karayar na nan a buɗe. Abin da lambar ke magana a kai ƙashi ne kawai, ko bakin nan biyu sun manne ko ba su manne ba.

Wanda ya kawo "jan ƙafa", malam ma'anar ta yi amma ba a nan ba, ka ce wa mai karayar ƙafa ciwonsa na jan ƙafa zai ɗauka ɗingishi kake nufi. "Nawa" ma kalma ce mai kyau, nawar ƙashi, sai dai a rubuce a takardar kuɗi kowa zai karanta ta a matsayin nawa ne za a biya.

Inda na daɗe ina juyawa shi ne maganar Malam da ya ce mu koma bakin masu ɗori, tunda su sun riga mu da wannan magana, suna cewa ɗori ya kama ko ɗori bai kama ba. Gaskiya wannan ta fi komai zama a kunne, duk wanda ya taso a ƙasar Hausa ya san ta. Na so in ce jinkirin kamu, ƙin kamu. Amma kamu shi kaɗai yana da 'yan uwa da yawa, ga kamuwa da cuta ga kamun 'yan sanda ga kamun amarya, in kuma na ƙara ɗori a jiki to Baba da aka sa wa ƙarfe zai ce ni ai ba a yi min ɗori ba, ko ma ya ji kamar tura shi nake wajen mai ɗori. Kuma ƙafar da ke da ƙarfe a ciki ba abin da za a je a ja a murɗa ba ne.

Akwai wadda ta ce saiɓi, kamar yadda ake cewa yaro na saiɓin tafiya. Wannan ta burge ni sosai saboda mai saiɓi ana sa ran zai taka, lokaci ne kawai, kuma ainihin ma'anar G kenan. Na gwada ta da mutum biyu 'yan Kumasi ba su gane ba sai da na yi bayani, jinkiri kuwa kowa ya sani.

Ƙari na biyu.

Wasu na tambaya wata nawa ne ake kiransa jinkiri. Lambar kanta ba ta yanke wata ba, likita ne zai duba hoto ya rubuta, mai shigar da lamba ba shi da ikon ya zaɓa da kansa. Ƙwauri dama yakan ci wata huɗu zuwa shida, don gabansa fata ce kawai ba tsoka, jini bai wadace shi kamar cinya ba, in aka haɗa da taba ko ciwon suga ko ƙwayar cuta ta shiga sai abin ya ƙara ja. Ma'aunin da aka fi ambata a nan kafin a ce ya ƙi gaba ɗaya shi ne wata tara, da wata uku a jere hoto bai nuna wani motsi ba. Bambancin ya shafi aljihu ma, akwai na'urar da ake ɗaurawa don zaburar da ƙashi wadda Medicare, inshorar gwamnatin Amurka ta tsofaffi, ke neman hotunan da suka nuna haɗewa ta tsaya na aƙalla wata uku kafin ta biya.

Sai kalmar kod ɗin kanta, wato sunan da za mu ba irin wannan lamba. Da yawa kun ce "lambar caji", ni ban yarda ba, don wannan lambar ba ita ke ɗauke da farashi ba, ita faɗa take me ke damun mutum. Aikin da aka yi, hoto ne ko tiyata, yana da tasa lambar daban a tsarin CPT kuma yawanci a kanta ake lissafin kuɗi. Don haka ta farko lambar ciwo, ta biyu lambar aiki.

Ga inda na tsaya: G jinkirin haɗewar ƙashi, K ƙin haɗewa, P haɗewa a karkace. Ɗan uwa ma'aikacin rekod da ya tuna mana cewa a kundin Hukumar Lafiya ta Duniya na asali ba haruffa ake sawa ba, M84.2 ce jinkirin, M84.1 ƙin haɗewa, M84.0 karkacewa, na gode, kalmomin uku sun hau can ma ba gyara.

Jiya Baba ya dawo, na ce masa Baba ƙashinka bai ƙi ba, jinkiri yake, likita na son sabon hoto bayan sati shida kuma ya ce a ajiye sigari. Ya ce to in jinkiri ne zai jira. Wanda ke Maraɗi ko Damagaram ya gwada min "haɗewa a karkace" da dattawan can, ita ce kaɗai ban ji daga bakin mutanen Nijar ba tukuna.