Dutsen Uhudu: wanne ne ainihinsa, kuma daga ina sunan ya samo asali?

Maniyyaci:

Assalamu alaikum, malamai. Kusan duk hoton da alhazai ke turowa daga Uhudu, za ka gan su tsaye a kan wani ɗan tudu da ko tsoho zai hau ba tare da haki ba. Amma a hadisi, idan aka so kwatanta girman lada sai a ce "kamar Uhudu". Shin wannan tudun shi ne Uhudu? Idan ba shi ba ne, yaya girman na ainihin yake, kuma me sunan ke nufi? Sannan mai zuwa ziyara, me ya kamata ya duba a wurin?

Malamin Labarin Ƙasa:

Wa alaikumus salam. Tudun da ake hawa ba Uhudu ba ne, Malam. Sunansa Jabalur Rumat, wato Dutsen Maharba, tsohon sunansa kuma Ainaini. Tsayinsa bai wuce kimanin mita 20 ba. Uhudu shi ne wancan dogon jan dutsen da ke tare sararin sama a bayan mutanen da ke cikin hoton.

Yana arewa da Masallacin Annabi (SAW), tazarar kilomita 4 zuwa 5. Ba dutse ne mai ƙololuwa ɗaya irin Dala ko Zuma ba; jerin ƙololuwa ne a manne da juna, ya miƙe daga gabas zuwa yamma kusan kilomita 7, faɗinsa kuma tsakanin kilomita 2 da 3. Ƙololuwarsa mafi tsayi mita 1,077 ce daga doron teku. A nan ne mutane ke rikicewa: Madina kanta tana kan kusan mita 600, don haka abin da ido ke gani daga gindinsa zuwa sama ɗari huɗu da wani abu ne, ba dubu ba.

Ta kudancinsa kwarin Ƙanat ya ratsa. Yawancin shekara busasshe ne ƙayau, amma idan aka yi ruwa mai ƙarfi yana kawo ambaliya. Dutsen Maharba yana bakin wannan kwarin. A jikin Uhudu kuma akwai kwarmi-kwarmi da ke riƙe ruwan sama, Larabawa na kiransu Maharis. Daga irinsu ne Sayyidina Ali ya ɗebo ruwa a garkuwarsa aka wanke raunin fuskar Annabi (SAW) ranar yaƙin Uhudu, da jinin ya ƙi tsayawa Nana Faɗima ta ƙona guntun tabarma ta ɗora tokar a kan raunin.

Wani abin da ba a cika sani ba: a bayan Uhudu ta arewa akwai wani ƙaramin dutse mai suna Saur. Shi ne iyakar haramin Madina ta arewa, dutsen Air kuma ta kudu. Kada a haɗa shi da Saur na Makka inda kogon hijira yake. Ke nan Uhudu gaba ɗayansa a cikin harami yake.

Almajirin Sira:

Allah ya saka, Malam. Bari in ɗauki maganar suna.

Bayanin da ya fi ƙarfi shi ne wanda Imam Suhaili ya kawo: kalmar daga tushen "ahad" take, wato ɗaya. An kira shi haka ne domin yana tsaye shi kaɗai, bai haɗe da sauran duwatsun da ke kewaye da Madina ba. Wanda ya kalle shi daga nesa zai ga gaskiyar wannan, fili ne a kowane ɓangarensa. Akwai masu cewa don mutanen wurin sun taimaki tauhidi ne, amma wannan ya fi kama da kyakkyawan fata da aka ɗora daga baya, tunda sunan ya girmi hijira. Labarin da ake yawo da shi cewa an binne Annabi Haruna a samansa kuwa, malaman hadisi ba su inganta shi ba. Wasalin ƙarshe na "Uhudu" namu ne na Hausa, kamar yadda Ahmad ya koma Ahmadu.

Shi kuwa yaƙin, ba za a fahimce shi ba sai an riƙe taswirar da Malam ya zana. An yi shi ranar Asabar a watan Shawwal, shekara ta 3 bayan hijira, daidai da 625 miladiyya. Ƙuraishawa 3,000 ne, da dawakai 200. Musulmi sun fito su 1,000, Abdullahi bin Ubayyu ya juya da 300 a hanya, saura 700. Annabi (SAW) ya sa Uhudu a bayan rundunarsa, suka fuskanci Madina, domin doki ba ya hawa wannan dutsen. Kafa ɗaya ta rage, ta hagu, wajen Ainaini. Nan ya ajiye maharba 50 ƙarƙashin Abdullahi bin Jubair, da umarnin kada su sauka ko an ci nasara ko an sha kashi. Aikinsu su riƙa korar dawakai da kibau. Da suka ga abokan gaba sun watse, mafi yawansu suka sauko ɗibar ganima, kusan goma kaɗai suka tsaya. Khalid bin Walid, wanda a lokacin bai musulunta ba, ya zagayo da mahayansa ta wannan kafar ya faɗo wa Musulmi ta baya. Sahabbai 70 suka yi shahada, mafi yawansu Ansar. Cikin Muhajirai akwai Sayyidina Hamza da Mus'ab bin Umair da Abdullahi bin Jahsh. Ayoyi kusan sittin na Suratu Ali Imran, daga aya ta 121, kan wannan rana suke magana.

Abin da ke taɓa zuciya shi ne, wurin da aka ji wa Annabi (SAW) rauni aka kashe baffansa Hamza, shi ne wurin da ya ce a kansa: "Wannan dutse ne da yake son mu, muke son sa." Bai bar sahabbai su camfa wurin ba. Daga nan Uhudu ya zama ma'aunin girma a harshen hadisi. Wanda ya sallaci gawa yana da ƙiraɗi ɗaya, wato wani kaso na lada, wanda ya raka ta har aka binne yana da biyu, kowane ƙiraɗi kamar Uhudu. Haka kuma wanda ya ciyar da zinariya kwatankwacin Uhudu ba zai kamo ladan mudun da ɗaya daga sahabbai ya ciyar ba, ko rabinsa. A lura, mudun Nabi ake nufi, cikin tafin hannu biyu, ba mudunmu na kasuwa ba.

Jagoran Ziyara:

Ga mai zuwa, Alhaji, a fara sanin cewa ziyarar Uhudu ba ta cikin ayyukan Hajji ko Umara. Wanda bai je ba babu fansa a kansa.

Motocin ziyara kan haɗa Ƙuba da Ƙiblataini da wajen Khandaƙ da Uhudu a fita ɗaya, don haka lokacin da ake bayarwa kaɗan ne. Kuskuren da aka fi yi shi ne a ƙarar da shi wajen hoto da sayen dabino, direba ya fara hon ba a yi wa shahidai sallama ba. A fara da maƙabarta. Tana tsakanin Dutsen Maharba da Uhudu, an kewaye ta, ba a shiga. Daga waje ake tsayawa. A yi sallamar da aka koyar, "Assalamu alaikum ahlad diyar…", a roƙa musu gafara da rahama. Ba a roƙon su, ba a jefa kuɗi ko takarda ta saman katanga, ba a ɗibar ƙasa ko tsakuwa don tabarruki.

Bayan nan sai a hau Dutsen Maharba, a fuskanci arewa. Maƙabarta na ƙasa a gabanka, Uhudu a bayanta, Madina a bayanka. Minti biyar a nan ya isa ka ga yadda mutum 50 za su iya toshe hanya. A sa takalmi mai kama ƙasa, don tsakuwar na zamewa kuma silifas ne ke kayar da mutane, musamman wajen saukowa. A tafi da sassafe ko bayan la'asar; a lokacin zafi ma'auni na haura digiri 40, kuma babu inuwa a saman tudun. Ruwa da lema dole ne. Mai ciwon gwiwa ko hawan jini ya tsaya a ƙasa, bai rasa komai na lada ba. A kuma riƙe lambar mota da katin masauki, domin motocin kama ɗaya suke.

Almajirin Sira:

Ƙarin bayani kan ambaliyar kwarin Ƙanat da aka ambata. Imam Malik ya ruwaito a Muwaɗɗa cewa ruwa ya tone kabarin Amru bin Jamuh da Abdullahi bin Amru, waɗanda aka binne tare ranar Uhudu. Da aka haƙa don a canja musu wuri, aka same su ba su sauya ba, ɗayansu hannunsa na ɗore a kan rauninsa. Tsakanin yaƙin da wannan rana shekara 46 ne.