Kenshin na kaset ya fi na littafi?

Sadiƙu: Jama'a, ina nan a kan bakana. OVA ɗin Rurouni Kenshin na 1999 (OVA shi ne katun ɗin Japan da ake kaiwa kasuwar bidiyo kai tsaye), Trust & Betrayal, ya fi manga ɗin Nobuhiro Watsuki, wato littafin labari mai zane-zane da aka ciro shi daga ciki. Kashi huɗu kacal, amma ya kashe bakin kowa.

Anti Hauwa: Ƙanena, bi a hankali. Wanda ka kalla ba Kenshin ɗin Watsuki ba ne. Studio Deen, kamfanin da ya yi OVA ɗin, sun ƙanƙance masa idanu, sun dusashe launuka, sun kwashe barkwancin tas. Ko "oro" ɗaya, kalmar barkwancin da ya saba furtawa a manga, ba ka ji a bakinsa.

Sadiƙu: Anti, yaron da ke yanka mutane cikin dare a Kyoto a 1864, wane barkwanci zai yi? Manga ɗin a Shonen Jump ya fito, mujallar samari. Shi kuwa OVA kai tsaye kasuwar bidiyo aka kai shi, babu gidan talabijin da zai ce a rage jini.

Malam Bashir: Ku bar maganar jini, ku dubi tabon kuncinsa. Yanka na farko tsohon saurayin Tomoe, matar Kenshin, ne ya yi masa, babu saɓani. Na biyun fa? A manga, wuƙar ce ta suɓuce daga hannunta ta shafto shi, tsautsayi ne. A OVA kuwa tana kwance a jikinsa cikin dusar ƙanƙara, rai a baki, ta ɗaga wuƙar ta ja layin da hannunta. Darakta Kazuhiro Furuhashi ya mai da ƙaddara niyya.

Anti Hauwa: Yauwa Malam, ka faɗi abin da ke ci mini rai. An canza mini Tomoe.

Malam Bashir: A'a Hajiya, ni yabawa nake yi.

Ɗan Auta: Ni wani OVA ɗin daban na sani, Hellsing Ultimate. Na talabijin na 2001 ya saki layin manga, sai OVA ya dawo ya bi marubucin manga ɗin, Kouta Hirano, sau da ƙafa, kashi goma daga 2006 zuwa 2012. Ashe kaset ma yana riƙon amana.

Anti Hauwa: Auta ya ba ni hujja. Tunda ana iya bi, me ya hana masu Kenshin?

Sadiƙu: Shekara shida ana jiran kashi goma, Anti. Kuma tsakani da Allah, ba ke ce kika yi kuka a wurin wuƙar nan ba?

Anti Hauwa: Kiɗan ne ya sa ni, ba labarin ba.