S. Z. Sakall: Hollywood ta cece shi ko ta cuce shi?

Ɗan Sinima: Jama'a, jiya na sake kallon fim ɗin Casablanca, kuma ina nan a kan bakana: Hollywood ta cuci S. Z. Sakall, ɗan wasan nan ɗan Hangari da ya fito a mai kai abinci a ciki. Mutumin da tun yana saurayi yake rubuta wasan barkwanci a Budapest, ya yi suna a Biyana da Balin, ya zo Amurka a 1940 aka mayar da shi mai kai abinci, kuku, kawun amarya. Rol iri ɗaya har 1954. Laƙabi ma suka liƙa masa, Cuddles, wato abin runguma, sai ka ce 'yar tsana.

Anti Malama: Ƙanena, cuta fa ka ce? Bayahude ne. Hitler na hawa mulki a 1933 ya bar Jamus, daga baya Hangari ma ta ƙi zaunuwa. 'Yan'uwansa mata uku a sansanonin Nazi suka mutu. Wanda ya tsira da ransa kuma ya samu aiki, ina cutar take?

Ɗan Sinima: Allah Ya ba ki haƙuri Anti, tsira daban, daraja daban.

Baba Mai Rediyo: Yaro, bari in ba ka misali. Ɗan wasan barkwanci Kabos Gyula ya fi shi farin jini a Hangari, tun fim ɗin Hyppolit na 1931 kowa ya san muryarsa. Dokokin da aka kafa wa Yahudawa suka kore shi a 1939, ya tafi Amurka. Barkwancinsa a harshe yake, in-inar nan da yake yi da gangan, to harshen kuma bai ƙetare teku ba. A New York ya mutu a 1941, aiki bai kankama ba. Shi kuwa Sakall nasa a fuska yake, ya dafe kumatunsa da hannu biyu ka fahimce shi ko ba ka jin Turanci.

Ɗan Sinima: Ai shi ne maganata Baba, kumatun kawai suka saya.

Anti Malama: A'a. Koma Casablanca, wurin da tsofaffin nan biyu, mata da miji 'yan gudun hijira, suke koyon Turanci don gobe za su tafi Amurka. Sakall ya kawo musu kwalba, suka ce ya zauna, sai ga kofi na uku ya fito da shi, dama ya tanada. Dubi yadda yake kallonsu suna kwaɓa Turancin, tausayi ne zalla. Mutumin da ya bi wannan hanyar da ƙafarsa ne kaɗai zai yi wannan kallon. Ni duk sanda na zo wurin sai na yi ƙwalla.

Ɗan Sinima: Wannan wurin kam na sallama. Amma minti nawa ne? Wanda zai iya haka, me ya hana kamfanin fim na Warner su ba shi fim guda ya ja shi daga farko har ƙarshe?

Baba Mai Rediyo: Ya haura shekara 55 lokacin da ya isa, ga Turancinsa da nauyi. Wane furodusa ne zai zuba kuɗinsa?

Ɗan Sinima: To a ce tsoron asara ne, Baba, kar a ce gata aka yi masa.