"Wa kika zo gani?": masu kwana a gefen gari, su wuni a unguwar masu hali

Maman Sadik, Mararaba

Assalamu alaikum jama'a. Wani abu ne ya same ni shekaranjiya, har yanzu yana ci mini rai, na ce bari in kawo shi nan. Shekarata shida ina jinyar tsofaffi a gidajensu. Yanzu wata dattijuwa nake kula da ita a Maitama, amma a Mararaba nake kwana, cikin Jihar Nasarawa. Ƙarfe huɗu da rabi nake tashi, in shirya yara, in yi asuba, in fito titi kafin shida. Duk wanda ya san hanyar Nyanya zuwa AYA ya san idan bakwai ta riske ka a can, to sai dai haƙuri.

Ranar an canja masu gadin layin. Sabon yaron ya dube ni sama da ƙasa, idonsa ya tsaya a kan ƙurar takalmina, ya ce, "Wa kika zo gani?" Na faɗa masa. Ya ce babu sunana a littafi, kuma masu aiki ta ƙaramar ƙofa suke shiga bayan an duba jaka. Minti arba'in ina tsaye, lokacin allurar Hajiya yana wucewa, motoci suna ta shiga ba wanda aka ce ko ya sauke gilashi. Da yamma kuma sai ga yaron a tasha yana jiran motar Masaka. Ashe gidansa ma ya fi nawa nisa.

To masu kwana a wani gefe su wuni a wani, a kowane gari kuke, yaya kuke fama da irin wannan ƙofa?

Baba Mai Gadi, Legas

Wa alaikumus salam 'yata. Ɗana ne ke rubuta mini, ni ina faɗa. Ki yi wa yaron nan uzuri, domin aikina yake yi, kuma na san abin da aka gaya masa ranar da ya kama aiki: mai ƙafa a tambaye shi, mai mota a ɗaga masa ƙarfe. Idan cokali ya ɓace a layin, kafin a nemi kowa mai gadi ake fara kai wa 'yan sanda. Wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma sai ya gudu.

Ni a unguwar Maroko na fara zama da na zo Legas. A watan Yuli na 1990, zamanin gwamnan soja Raji Rasaki, aka ba mu kwana bakwai mu tashi. Ana tsakiyar damina. Kwana bakwai na cika katafila ta shigo. An ce mutanen da aka tasa sun kai dubu 300. Abin da ba na mantawa shi ne wata maƙwabciyarmu da ta zauna a kan katifarta a bakin titi, ruwa na dukanta, ta rungume keken ɗinkinta kamar jariri. Kwana uku ina wucewa ina ganinta a wurin. An ce mana wurin bai dace mutum ya zauna ba saboda ambaliya. Da muka tashi aka cike shi da yashi, ya dace.

Yau gidan da nake gadi yana can wajen Lekki, ba nisa da inda ɗakina yake a da. Wani lokaci da dare nakan ƙiyasta inda masallacinmu yake, amma ƙasar ta canja, ba na iya ganewa. Ɗakin gadina taku uku ne, ba banɗaki, sai na zaga baya. Kuma tun da aka hana acaɓa a ƙaramar hukumarmu ta Eti-Osa a 2022, masu shara da masu wanki da ƙafa suke tahowa daga babban titi. Da suka iso a gajiye, ni ne zan tsayar da su in ce su buɗe jaka. Ba daɗinsa nake ji ba.

Hajiya Umma, Abuja

Ni kam daga cikin katangar nake magana, ku yi haƙuri da ni. Maman Sadik, abin da aka yi miki bai kyautu ba, kuma laifin masu gidan ne da ba su kai sunanki ba. Amma kada a ɗauka don jin daɗi muka kewaye kanmu. Sau biyu 'yan fashi suna shiga gidanmu na da. Na biyun sun ɗora wa ƙaramin ɗana bindiga a ka, mun kira neman taimako, ba a zo ba sai da gari ya waye. Bayan nan ne muka koma rukunin gidaje mai ƙofa ɗaya. A nan mu muka haƙa rijiyar burtsatse, mu ke sayen man janareta, mu ke gyara titi, mu ke biyan masu gadi da masu kwashe shara, ga haraji muna biya. Gwamnati biyu muke ciyarwa.

Sai dai akwai abin da ya tsaya mini a rai. Kwanaki na kai mai aikina gida saboda ba ta da lafiya, a Mpape take, kan tudun nan da ake hango Maitama daga can. 'Yata mai shekara tara tana mota. Muna shiga ta ce, "Mama, ƙauye muka zo?" Tafiyar da ba ta kai minti ashirin ba daga gidanmu. Sai na lissafa: yarinyar nan ba ta taɓa shiga motar haya ba, ba ta taɓa zama aji ɗaya da ɗan talaka ba, ba ta taɓa bin layin asibitin gwamnati ba. Ni kuwa makarantar gwamnati na yi, benci ɗaya da 'yar mai gadi da 'yar kwamishina. Kuma in gaya muku gaskiya, tun da muka samu rijiyarmu ban ƙara tambayar ko ruwan famfo yana zuwa ba. Mu da in mun buga waya za a ɗauka, mu ne muka daina bugawa.

Maman Sadik, Mararaba

Hajiya, Allah ya kiyaye gaba, wallahi na tausaya. Sai dai mu ma ɓarayin suna shigo mana, kuma ba mu da katangar da za mu koma bayanta. Baba, na karɓi uzurin.

Ɗan Nima, Akara

Mu a nan ba ƙarfen ɗagawa, sunan unguwar shi ne ƙofar. Nima tana maƙale da Kanda da unguwar masu kuɗi ta kusa da filin jirgi, da ƙafa ma za ka je. Amma ka rubuta Nima a takardar neman aiki ka gani. Bayan na gama digiri na yi wajen shekara ina aikawa, shiru kamar an aiki bawa garinsu. Wani abokina ya ce in gwada sa adireshin gwaggona da ke wata unguwa. Ban canja ko wasali ɗaya ba ban da wannan. Cikin wata guda wurare biyu suka kira ni. A wurin da aka ɗauke ni na yi wata bakwai kafin in bari a san inda nake kwana. Ranar da aka sani, wata abokiyar aiki ta ce, "Kai, amma ba ka yi kama da 'yan can ba." A ganinta yabona ta yi.

Mai tasi ma in dare ya yi sai ya ce iyakarsa bakin titi. Alhali ni a cikin lungunan nan na fi samun natsuwa, kowace tsohuwa ta san uwata.

Sannan duk bala'in da ya faɗo wa gari, a kanmu ake hucewa. Daren 3 ga Yuni 2015 ambaliya ta haɗu da gobarar gidan mai a shataletalen Kwame Nkrumah da ake kira Circle, mutum wajen 150 suka rasu. Watan bai ƙare ba aka kai katafila Old Fadama, wai su suka toshe hanyar ruwa. Unguwar da tun can an laƙaba mata Sodom da Gomora. Wanda aka sa wa wannan suna, wa zai yi kuka in an rushe shi?

Malam Na Tarihi

Ɗan ƙarin bayani, tun da abin ba yau ya fara ba. A Najeriya, dokar birane ta 1917 zamanin Lugga ta ware wa Turawa unguwarsu, kuma tsarin lokacin ya tanadi a bar fili mai faɗin yadi 440 tsakaninsu da 'yan ƙasa, ba gini. Hujjar ita ce sauro, wai kada ya ɗebo zazzaɓi daga jikin baƙar fata ya kai musu. Amma kuku da boyi suna kwana a ɗakunan da ke bayan gidan Bature, kamar su sauro ba ya cizonsu. Da aka samu 'yanci ba a goge layin ba, sabbin manya ne suka tare a gidajen, aka ci gaba da kiran wurin GRA. Har yau ɗakin da ke bayan babban gida sunansa na boyi.

Ƙanin Alhaji, Johannasbag

Malam, in kana son ganin layin nan da idonka, zo nan. Ina gyaran waya a Sandton, inda kasuwar hannun jari take, ina haya a Alexandra. Babban titin M1 ne ya raba su. Da sassafe ka tsaya a kan gadar masu ƙafa, za ka ga mutane kamar tururuwa duk fuska ɗaya: masu shara, masu gadi, masu renon yara, kowa da ledar kayan aikinsa. Da yamma su juyo. Ban taɓa ganin ayarin safe ya nufi Alexandra ba.

Alexandra tun 1912 take, Mandela ma ya zauna a cikinta yana saurayi. A 1957 da aka ƙara kuɗin bas, mutanen nan suka ƙi hawa, suka yi watanni suna takawa zuwa cikin gari da ƙafa. Wariyar launin fata ta faɗi a 1994, amma jikokinsu har yau suna takawa. Bambancin kawai, yanzu akwai baƙar fata a cikin manyan motocin da ke wucewa ƙarƙashin gadar.

Kuma kada ku ce talakawa kansu a haɗe yake. Rikicin korar baƙi na 2008 daga Alexandra ya tashi. Mai ɗakin da nake haya mutumin kirki ne, amma ya taɓa ce mini in an fara hayaniya kada in buɗe baki a waje, harshena zai tona ni. A Sandton ni talaka ne, a Alexandra ni baƙo ne.

Ɗalibar Mumbai

Nawa gajere ne. Ginin da muke haya lif biyu gare shi, ɗaya na mazauna, ɗaya na masu aiki da masu kawo saƙo. Satin farko mai gadi ya ga hijabina da fatata ya nuna mini na biyun. Da ya gane 'yar haya ce ni, ya yi ta ba da haƙuri. Na huce. Sai daga baya na tsargu: fushin da na yi na an haɗa ni da su ne, ba na an ware su ba. Matar da ke share mana ɗaki daga Dharavi take zuwa, wadda kogin Mithi ne tsakaninta da manyan bankunan Bandra Kurla. Ƙidayar 2011 ta nuna sama da kashi 40 cikin ɗari na mutanen birnin a irin waɗannan unguwanni suke. Na ce ta riƙa bina ta lif ɗinmu, ta ƙi. Ta ce ni zan gama karatu in tafi, ita kuwa da mai gadin za ta zauna.

Injiniyan Ruwa, Nairobi

Ni aikin ruwa ya kawo ni, kuma ta nan na fi gane rabuwar. A Kibera, daga kan layin dogo kana hango koriyar ciyawar filin golf, ana ba ta ruwa. Ƙasan ƙafarka kuma siraran robobin ruwa ne birjik, sun bi ta cikin kwata, an ɗaure inda suka fashe da tsumma. Matar da ke sayen jarka a nan, in ka lissafa lita da lita, ta fi mai famfo a gida biya, ninki ba ninki, kuma nata ruwan ne mai datti. Talauci tsada gare shi.

Abin da ban sani ba sai da na shiga: yawancin mazauna 'yan haya ne, masu ɗakunan langa-langar da yawansu ba a nan suke kwana ba. Mun taɓa kai bututu wani layi, cikin dare aka sare shi. Ba masu kuɗin wajen filin golf suka sare ba, masu sayar da ruwan layin ne. Hajiya Umma, zancenki na waya ya zauna. Hukuma ba ta son kai bututu inda ba takardar fili, kada a ce ta amince da zaman. Ba ta kuma ba da takardar, don wata rana za ta so filin. A 2018 da za a fitar da titi ta cikin Kibera, dubban mutane suka wayi gari a waje, har da makarantu.

Baba Mai Gadi, Legas

Injiniya, haka aka yi mana. Shekara da shekaru ba famfo ba kwata, sannan aka ce mu ƙazamai ne.

Maman Sadik, Mararaba

Na gode ƙwarai jama'a, ban zaci abin zai kai har Indiya ba. Ɗan Hajiyar da nake jinya ya je ya sa sunana a littafi, har da lambar gida. Ta ƙaramar ƙofar dai nake shiga, amma yanzu ba a buɗe jakar.

Jiya mota ɗaya muka shiga da yaron nan mai gadi. Ya gaishe ni, "Anti, ki yi haƙuri da ranar nan." Ya ce awa goma sha biyu yake yi a tsaye, kuma an gaya musu duk wanda ya bar mai ƙafa ya wuce ba suna, a bakin aikinsa. Ba mu kai Nyanya ba barci ya kwashe shi, kansa a jikin taga, takalmin aikin a cikin leda a kan cinyarsa don kada ya yi ƙura. Da na zo sauka a Mararaba ban tashe shi ba, na dai ce wa kwandasta in an kai Masaka ya taɓa shi.