Barcelona ce ta yi Oshoala, ko da ƙafarta ta je can?

Ɗan Adar, Tawa: Assalamu alaikum jama'a. Ana ta cewa ba a taɓa yin ƴar ƙwallo kamar Asisat Oshoala ta Najeriya a Afirka ba, don CAF, hukumar ƙwallon ƙafa ta Afirka, ta ba ta kyautar gwarzuwar shekara har sau 6. Ni ban yarda ba. Rigar Barcelona ce ta ɗaga ta. Ku duba wasannin ƙarshe na kofin zakarun Turai: a 2019 da Lyon daga benci ta shigo, a 2021 da Chelsea daga benci, a 2022 da Lyon daga benci, a 2023 da Wolfsburg kuma rauni ya hana ta. A na 2021 ma Barcelona ta riga ta ci 4-0 tun kafin hutun rabin lokaci. Wadda ƴan Barcelona irin su Alexia Putellas da Aitana Bonmatí da Graham Hansen ke ajiye wa ƙwallo a ƙafa, dole ta ci. Perpetua Nkwocha, tsohuwar ƴar wasan Najeriya, ce gwanata.

Malama, Yamai: Wa alaikumus salam. Ƙanena, lissafinka ya fara daga 2019, alhali labarin ya girmi haka da shekara biyar. A kofin duniya na ƴan ƙasa da shekara 20 a Kanada, 2014, tana ƴar ƙungiyar Rivers Angels ta Najeriya ta ci ƙwallo 7, huɗu daga ciki a wasan kusa da na ƙarshe da Koriya ta Arewa, ta ɗauki kyautar wadda ta fi cin ƙwallo da ta gwarzuwar gasa, duk da cewa Jamus ce ta ɗauki kofin da ci 1-0. A shekarar kuma Najeriya ta ci kofin Afirka a Namibiya, ita aka zaɓa gwarzuwar gasa. Kyaututtukan CAF uku na farko, 2014 da 2016 da 2017, duk kafin ta taka Barcelona ta same su. Wace Alexia ce ke ba ta ƙwallo a lokacin?

Ɗan Adar, Tawa: Malama, to me ya faru a Ingila? Liverpool a 2015, Arsenal a 2016, ba ta daɗe ko ɗaya ba, sai ga ta a Dalian ta ƙasar Sin.

Koci, Tawa: Bari in shiga nan, don wurin ne ake yawan kuskure. Asalin wasan Oshoala gudu ne a bayan ƴan baya. Irin wannan wasa yana da sharuɗɗa uku. Na farko, ƴar gaba ta tsaya a kafaɗar ƴar baya ta ƙarshe, ta fara gudun a karkace kafin ta miƙe, don kada ta faɗa satar gida. Na biyu, mai ba da ƙwallo ta ɗaga kai ta sake ta da taɓawa ɗaya ko biyu. In ta ƙara ta uku, mai gudu ta riga ta wuce layi, tuta ta tashi. Na uku, a samu fili a bayan ƴan baya, wato abokan karawa su matso gaba. In ɗaya ya ɓace, sai ka ga ƴar wasa tana ta gudu a banza, ƴan kallo su ce ba ta iya ba.

A Liverpool rauni a gwiwa ya cinye mata watanni, kuma shekara ɗaya ba ta isa ƴan tsakiya su san lokacin tashinta ba. Duk da haka a 2015 ita ce ta farko da ta ci kyautar gwarzuwar BBC, a Arsenal kuma suka ɗauki kofin FA na 2016.

Ɗan Adar, ga inda maganarka ta juya maka baya. A Sifen yawancin ƙungiyoyi in sun haɗu da Barcelona komawa suke yi baya su tare bakin gida da mutum tara ko goma. Filin gudun da ta saba da shi babu shi. Dole ta sake koyon sana'a: tashi na taku uku ko huɗu zuwa turken kusa lokacin da Graham Hansen za ta sako ƙwallo ƙasa-ƙasa, karɓar ƙwallo da baya ga gida ta mayar da taɓawa ɗaya, da matsa wa ƴan baya da zarar an rasa ƙwallo. Ba kowace mai gudu ke iya wannan sauyi ba. Ita ta iya, har ta ci 20 a kakar 2021-22, ta raba kyautar Pichichi, ta wadda ta fi cin ƙwallo a gasar Sifen, da Geyse ta Brazil, alhali rauni ya hana ta wasanni da dama a kakar. Gaba ɗaya ta haura ƙwallo 100 a ƙungiyar.

Baba Alƙali, Yamai: Koci ya yi bayani mai kyau, amma kada a tsallake Nkwocha da sauri, yaron nan yana da hujja a kanta. Kofin Afirka biyar gare ta: 2002, 2004, 2006, 2010, 2014. A wasan ƙarshe na 2004 ita kaɗai ta zura wa Kamaru huɗu cikin biyar. A gasar 2010 ta ci 11. Kuma daga tsakiya take tasowa, ita ke haɗa wasan ita ke ci. In ma'aunin shi ne kofin Afirka, Nkwocha na gaba. A wasan ƙarshe na 2018 a Gana ma Oshoala ta ɓarar da fenareti da Afirka ta Kudu, sai da aka kai ga bugun daga kai sai mai tsaron gida.

Malama, Yamai: Baba, gaskiya ne, ba na ja. Amma a kofin Afirka na 2016 a Kamaru Oshoala ce ta fi kowa ci, da 6. Kuma a tuna a zamanin Nkwocha tazarar Najeriya da sauran ƙasashe babba ce. Yanzu Afirka ta Kudu ta ɗauki kofin a 2022, Maroko ta je wasan ƙarshe sau biyu a jere, Zambiya na da Barbra Banda. Cin ƙwallo 11 a gasa ɗaya ya fi wuya a yau.

Ɗan Adar, Tawa: To ai a gasar 2022 ɗin Oshoala ba ta yi komai ba, an dai ba ta kyautar CAF.

Koci, Tawa: A wasan farko da Afirka ta Kudu jijiyar gefen gwiwa ta ciki ta samu matsala, gasar ta ƙare mata daga nan. Wannan jijiya ita ke riƙe gwiwa in an juya da sauri ko an bugi ƙafa daga waje, kuma makonni take ci kafin a koma gudu. Ana iya cewa kyautar 2022 don aikin ƙungiya aka ba ta, wannan na yarda. Amma a ce ba ta yi wa ƙasa aiki ba, a'a. Ta ci Suwidin a kofin duniya na 2015, wasan da aka tashi 3-3. Ta ci Koriya ta Kudu a 2019: Chidinma Okeke ta sako mata doguwa, ta tsere wa ƴar baya, ta kewaye mai tsaron gida, ta buga daga lungu. A 2023 a Brisbane ta shigo daga benci ta ci Ostareliya ta uku a gaban mutanensu, aka tashi 3-2; ƴar baya da mai tsaron gida suka rikice, ita kuwa ba ta daina bin ƙwallon ba. Kofin duniya uku a jere, babu ƴar Barcelona ko ɗaya a gefenta.

Baba Alƙali, Yamai: Akwai kuma abin da ba ya fitowa a lissafin ƙwallaye. A ƙungiya ana atisaye tare kusan kullum, wata goma a shekara. A tawagar ƙasa kwana kaɗan ake haɗuwa kafin wasa, wani lokaci da rigimar kuɗi a kai. Ƴan Super Falcons, tawagar mata ta Najeriya, sun ƙi barin otal a Abuja a 2016 bayan sun ci kofi, don ba a biya su haƙƙinsu ba. Sun sake yin haka a Faransa a 2019. A Maroko a 2022 sun ƙaurace wa atisaye. Wasan da ke bukatar sanin lokacin tashin juna, kamar yadda Koci ya faɗa, shi ne na farko da ke lalacewa a irin wannan hali. Wannan ya shafi Nkwocha da Oshoala duka, kuma abin takaici ne a yi wa zakarun nahiya haka.

Ɗan Adar, Tawa: Na karɓi maganar 2014 da ta kofin duniya. Amma Baba, har yanzu Najeriya ba ta wuce zagaye na biyu ba a zamaninta: Jamus ta fitar da su 3-0 a 2019, Ingila a bugun fenareti a 2023. Su Mercy Akide kuwa sun kai wasan kusa da kusa da na ƙarshe a 1999, Brazil ta sha da ƙyar 4-3.

Malama, Yamai: A 1999 ƙasashe 16 ne, daga rukuni kai tsaye ake shiga takwas na ƙarshe. A 2023 ƙasashe 32 ne, kuma Najeriya ta fito daga rukunin Ostareliya da Kanada da Ireland ba a doke ta ba, ta riƙe Ingila minti 120 babu ci. Ka haɗa su a sikeli ɗaya ka ga.

Koci, Tawa: Ɗan Adar, in kana neman wadda za ta ƙalubalanci Oshoala da gaske, duba gaba. Barbra Banda ta ci uku-uku sau uku a gasar Olympics, ta ɗauki kofin Amurka da Orlando Pride a 2024, shekarar da Oshoala ta koma Bay FC ta Amurka ƙwallayenta suka ragu. Temwa Chawinga ta Malawi ta ci 20 a gasar Amurka a kaka ɗaya. Sai dai har yanzu babu ɗayarsu da ta ɗaga kofin Afirka, Oshoala kuwa na huɗunta ta ɗauka a Rabat a Yulin 2025.