Wace lamba za a ninka 180 da ita? A taimaka mana da dabara

Uwar 'Yan Biyu: Assalamu alaikum jama'ar zaure. Ɗiyata tana aji biyu na ƙaramar sakandare, an ba su aikin gida, wai a nemo lamba mafi ƙanƙanta da za a ninka 180 da ita ta koma cikakken sikwaya, wato abin da ake samu in an ninka wata lamba da ita kanta. Tun bayan magariba take danna kalkuletar wayata, sau 2, sau 3, har cajina ya kusa ƙarewa. Mi za mu yi?

Malamin Lissafi, Ƙofar Marusa: Wa alaikumus salam Hajiya. Ku fara karɓe wayar tukuna. Ta farfasa 180 zuwa lambobin firam, wato waɗanda babu mai raba su sai 1 da su kansu, irin su 2, 3, 5, 7, 11. A raba 180 da 2, saura 90. A sake da 2, saura 45. Da 3, 15. Da 3 kuma, 5. Ke nan 180 = 2 × 2 × 3 × 3 × 5. Sai ta haɗa su biyu-biyu. 2 yana da abokin zama, 3 ma haka, 5 ne kaɗai gwauro. Ni haka nake gaya wa ɗalibaina, duk wanda ya rage gwauro a yi masa aure, wato a ninka lambar da shi. 180 × 5 = 900, kuma 900 shi ne 30 × 30. Ita 30 ɗin ma ba sai an lalube ta ba, a ɗauko ɗaya daga kowane gida, 2 × 3 × 5.

Mai Tayil, Ƙofar Ƙaura: Malam a gafarce ni. In ina da tayil 180 zan shimfiɗa a ɗaki mai tsawo da faɗi ɗaya, 16 kawai zan ƙaro su zama 196, layi 14 kowanne da 14. Ina ni ina 900?

Malamin Lissafi: Lissafinka daidai ne Alhaji, amma ka amsa wata tambayar daban. Kai ƙarawa ka yi, su kuma ninkawa aka ce. Nan yara da yawa ke zubar da maki, ba su tsayawa su duba kalmar da aka yi amfani da ita. Da an ce a raba, da 5 ɗin dai za a raba, 36 ta rage, 6 × 6.

Ɗalibar Jami'a: Anti, in ta gane wannan ku gwada ta da 600. Can gwauraye biyu ne: 2 × 2 × 2 × 3 × 5 × 5. Da ta ga 2 har guda uku za ta ɗauka sun wadatu, alhali na ukun shi kaɗai yake, ga 3 ma. Sai a ninka da 6, a samu 3600, wato 60 × 60.

Tsohon Hedimasta, Daura: Madalla da ku. Shawarata, a tara marafan lemo a rubuta firam a cikin kowanne, yarinya ta jera su da hannunta. Na taɓa gwadawa da gyaɗa, kafin a kai ga amsa an cinye rabin lissafin. Sannan ta haddace sikwayoyi daga 1 × 1 zuwa 20 × 20, wato 400. Ta kuma riƙe cewa cikakken sikwaya ba ya ƙarewa da 2, 3, 7 ko 8. Amma kada ta juya zancen, 24 ta ƙare da 4 kuma ba sikwaya ba ce.

Ɗalibar Jami'a: Baba, ni dai ban ga laifin kalkuleta ba in don tabbatar da amsa ne bayan an gama da hannu.

Tsohon Hedimasta: Bayan an gama, na yarda ɗiyata. Kafin nan a'a.

Uwar 'Yan Biyu: Allah ya saka da alheri. Ta yi 600 ɗin, da farko ta ce 3, sai ta koma ta ƙirga ta gyara. Yanzu ta ɗauko 252 da kanta, ta ce 7 ne gwauron, ta samu 1764. Malam, 42 × 42 ke nan ko?

Malamin Lissafi: Shi ne. Gobe ku ba ta 1008, kada kowa ya gaya mata.