Wa zan ɗauka mu je neman sulhu?

Baban Hafsa:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Maƙwabcina Kirista ne, shekara 18 katanga ɗaya ta raba mu a Kakuri. Tun da ɗana ya fasa wa nasa kai a wajen ƙwallo ba ma gaisawa. Na biya kuɗin ɗinkin, amma matarsa ta daina aiko mana shinkafar Kirsimeti, abin yana ci mini rai. Liman zan ɗauka ko mai unguwa?

Malam Ɗanjuma:
Wa'alaikumus salam. Ka ɗauki liman, ka roƙi a kira fastonsa. A nan Kaduna Imam Muhammad Ashafa da Fasto James Wuye suka yafe wa juna, alhali a rikicin 1992 Wuye ya rasa hannu, Ashafa ya rasa malaminsa. Yanzu tare suke sasanta mutane.

Hajiya Ladi:
Baban Hafsa, kuɗin asibiti daban, ban haƙuri daban. Mutanen Acholi na arewacin Yuganda ko an biya diyya ba su cewa magana ta ƙare. Sai mai laifi ya amsa laifinsa da bakinsa, ɓangarorin biyu su durƙusa su sha jiƙon saiwa mai ɗaci daga ƙwarya ɗaya. Ka tafi da yaron, shi zai yi magana.

Baban Hafsa:
Hajiya, wallahi kin taɓo inda yake mini ciwo, ban taɓa kai shi ba. Ranar Asabar bayan la'asar za mu shiga, in sha Allahu.